Burodi Mai Shafi Biyu

Mijin yayata mai fenti ne, kuma in ka zauna kana sauraronsa sai ka rantse shi aka ba kwangilar shafa wa sararin sama shuɗi. A layinmu ba mai kiransa da sunan yanka. Shafi-Biyu ake ce masa, saboda duk abin da aka nuna masa, ko bango ne, ko ɗinki, ko askin wani, sai ya karkata kai, ya kanne ido ɗaya, ya ce, "Bai ji ba. Sai an yi shafi biyu." Ni tela ce, shagona manne yake da gidansu, don haka duk cika bakinsa a kunnena yake sauka. Na sha gaya masa dokin mai baki ya fi gudu, shi kuwa sai ya ɗauka yabo ne, har ya yi min godiya.

Yaya burodi take gasawa a ɗakin da ke bakin ƙofar gidan. Obin ɗaya na gashi gare ta, da dogon tebur, da babban kwanon kwaɓi, kuma da wannan obin ta raini 'ya'yanta. Tun da aka buɗe wani ƙaton gidan burodi a bakin titi cinikinta ya ja baya, har wata rana ta ce min tana tunanin sayar da obin ɗin. Tana faɗa tana shafa murfinsa, ido cike da ƙwalla. Abin ya tsaya min a rai ƙwarai.

Ana cikin haka sai manajan wani babban kanti ya ɗanɗani burodinta a gidan wani, ya aiko mata. Ya ce zai riƙa ɗaukar burodinta kullum, irin mai launin ƙwai ɗin nan, amma da sharaɗi. Masu sayayya a kantinsa sun daina yarda da hodar kala ta gwangwani, sai launin da ya fito daga tsiro. Zai zo da kansa da safe ya ga ɗakin, ya ci, sannan ya yanke magana.

Yaya ta je wajen mai kayan ƙamshi ta dawo da ɗan ƙulli. Anato sunansa. 'Ya'yan wani itace ne, ƙanana, jajaye, taurinsu kamar tsakuwa, kuma da su ake rina man shanu da cuku da shinkafa a wurare da yawa. Ba a cin ƙwayar. Cokali guda ake zubawa a mai mai ɗumi, a bar shi ya saki launinsa, a tace. Ta gwada, burodi ya fito ruwan gwaiduwa, gwanin sha'awa. Don ta samu kwanciyar hankali har Mai Kemis na layinmu ta tambaya. Ya ce a ɗan abin da ake sa wa abinci ba ya cutarwa, sai dai ba a rasa mutum ɗaya cikin jama'a da jikinsa ba ya so, ya yi masa ƙaiƙayi, don haka ta gaya wa manajan abin da ta sa.

Ana gobe manaja zai zo, Innarmu ta zame a banɗaki ta karya wuyan hannu. Dole Yaya ta tafi da ita asibiti ta kwana. Kafin ta fita ta damƙa min ƙaramar kwalba ta man da ta tace, ta ce in kwaɓa da safe in gasa, tunda tare muka koyi aikin a gida. Sannan ta juya wajen mijinta.

"Baban yara, don girman Allah kada ka taɓa komai a ɗakin nan."

"Ni? Me ya haɗa ni da fulawa? Je ki duba Inna, ki gaishe ta."

Ko kwanar layi ba ta sha ba ya karɓe kwalbar daga hannuna, ya ɗaga ta sama yana kallo a hasken rana, ya kanne ido.

"Ƙanwata, wannan shi ne launin? Wannan ai ruwan wanke buroshi ne."

"Shafi-Biyu, ajiye kwalbar nan. Burodi ne, ba katanga ba."

"Launi launi ne, yarinya. Kafin a haife ki nake haɗa kala. Doka ɗaya ce: duk launin da kika gani a jiƙe, in ya bushe sai ya koɗe. Obin kuma me yake yi in ba busarwa ba? Wannan abu in ya shiga wuta fari tas zai fito, manaja ya ce mun raina shi."

Na ce masa Yaya ta gwada, ya fito daidai. Ya ce sa'a ta yi. Na fizge kwalbata na kai shago na kulle a aljihun keken ɗinki. Shi kuwa ya hau babur ya nufi kasuwa, ya dawo da anato cike da jaka, abin da zai ishi Yaya har 'ya'yanta su aurar da nasu.

Da ƙaramin injin markaɗen Yaya ya fara. Daga shago na ji ƙara kamar ana zuba tsakuwa a kwanon rufi, sai wani warin ƙuna, sai shiru. Ya leƙo ya ce injin dama jabu ne. Ya ɗauko guduma ya baje 'ya'yan a dandamalin ƙofa ya hau duka. Duk dukan da ya yi sai su yi tsalle su watsu a layi. Ɗaya ta tsallaka titi ta samu ƙeyar wani mutum da ke zaune a gaban Mai Aski. Mutumin ya zabura, injin aski ya yi masa hanya tun daga kunne har tsakar ka.

Mai Aski ya fito da injin a hannu yana huci. "Kai Shafi-Biyu! Yaƙi ake yi ba a gaya mana ba?"

"Kimiyya ake yi, maƙwabci. Gobe za ka yi alfahari da zama kusa da ni."

"To zo ka yi wa kan mutumin nan shafi biyu, ko gashin zai dawo."

Da guduma ta gaza sai ya koma wuta. Ya cika tukunya da mai, ya bar shi har ya fara hayaƙi, ya juye anato a ciki. Tukunya ta ɗauki tartsatsi, hayaƙi ya turnuƙe ɗakin ya fito layi, duk wanda ya wuce sai ya hau tari. Man ya koma baƙi, ɗacinsa ko a hanci ana ji. Na tsaya a ƙofa na rufe hanci da gyale na ce, "Ɗumi kawai ake so! Ɗumi!"

Ya zubar ya sake ɗora wani, ya rage wuta. Can sai ya waiwayo. "Kin ga abin da na gano? Abin nan wuta kaɗan yake so. Ki riƙe wannan, wata rana zai yi miki amfani."

Na koma shago don kada in faɗi abin da zai raba zumunci. Da na zauna sai na nemi gaban wata farar riga da na yanka, cikin kayan ma'aikatan jinya da aka ba ni ɗinki, na rasa. Na duba ƙarƙashin tebur, na duba bayan keke. Sai zuciyata ta ba ni. Na ruga na same shi yana matse jan mai a cikin yadina.

"Tsumma na gani a teburinki," in ji shi.

"Tsumma? Tsumma mai aljihu da wuya?"

"Kwantar da hankalinki. Ki rina sauran su zama iri ɗaya. Fari ma ai ya tsufa."

Ban san lokacin da na ɗaga almakashi ba. Da na ga ya ja da baya sai na tuna mijin Yaya ne, na sauke hannu. Amma har yau in na tuna yadin nan raina yana ɓaci.

Shafi-Biyu dai ya samu mai ja wur, rabin bokiti. Sai aka zo gwaji, kuma mai fenti ba ya gwada kala a ko'ina sai a bango. Ya tsoma buroshi ya ja layuka masu faɗi a farin bangon ɗakin Yaya, wanda take wankewa da soso duk mako. Ya ja baya yana nunawa: wannan fitowar rana, wannan tsakar rana, wannan faɗuwar rana. Mai ya riƙa gangarowa har ƙasa. Kafin la'asar tururuwa sun yi layi suna duba aikin.

Zafi ya dame shi, ya share gumi da hannu, ya sosa wuya, ya murza ido, ya fito shan iska. Wata tsohuwa maƙwabciyarmu ta gan shi ta saki salati, ta yar da bokitinta tana kiran jama'a a zo an yanka mai fenti. Mai Kemis ya rugo da auduga da bandeji. Ya kama kan Shafi-Biyu yana juyawa yana neman ciwo, bai samu ba, ya shinshina audugar.

"Anato ne wannan? Malam, wanka ka yi da shi?"

"Don ka san ba ya cutarwa," in ji Shafi-Biyu, ya ɗaga murya don taron da ya kewaye shi ya ji. "Jama'a, abin da ya fito daga itace ba ya yi wa ɗan Adam komai, ko buhu ya ci. Wannan da kuke gani yana ƙara jini, yana wanke ido, yana gyara murya."

"Wa ya gaya maka?"

"Kalle shi mana. Ja ne. Jini kuma wane launi ne?"

Mai Kemis ya ce, "Barkono ma daga itace ya fito, kuma ja ne. Ci buhu mu gani. Launin abinci ne, kaɗan ake sawa, ba magani ba ne."

"Hassada ce. Yana tsoron in rufe masa kemis."

Kafin a watse ya gayyaci kowa da kowa, ya ce gobe da safe a zo a ga yadda ake karɓar kwangila.

Washegari na yi sammako da kwalbata. Tun daga ƙofa na ji gurnanin inji. Na shiga na tarar ya ɗaura sandar gauraya fenti a jikin injin huda bango, yana kwaɓa fulawar Yaya a cikin bokitin fenti. Kwaɓin yana juyawa yana fallatsa har silin.

"Inna lillahi! A bokitin fenti?"

"Wankakke ne. Kin taɓa ganin mai fentin da ya kai ni tsabta? Da kananzir na wanke shi, da shi da buroshin, har sau biyu."

Na dafe kai. Na roƙe shi, na zage shi, na ce zan kira Yaya a waya. Ya ce in na ɗaga mata hankali tana jinyar Inna alhaki a wuyana. Nan ya kama ni. Sai na jawo kwanon Yaya, na auni fulawar da ta rage, na ce ni dai zan yi abin da aka sa ni.

Na zaci zai hana. Sai na ga yana murmushi. "Yi naki, ƙanwata, yi. Ai haka muke yi wa masu gida. In kana so mutum ya zaɓi kalarka, sai ka shafa wata koɗaɗɗiya a gefenta. Naki shi ne zai fito da nawa."

Na riga shi sa nawa a obin, kafin nasa ya cika shi da wari. Da ya gasu na lulluɓe na kai shagona na rufe ƙofa. Nasa ya shiga, tire bayan tire. Zuwa lokacin layi ya cika: Mai Aski da mutumin da aka yi wa hanya a ka, wanda yanzu ya sha ƙwal, da Mai Kemis, da tsohuwa, da masu wucewa da suka ga taro suka tsaya. Shafi-Biyu ya fito da tebur waje, ya jera burodinsa. Launinsu kamar jan bulo.

Ya ja baya, ya karkata kai, ya kanne ido. Ni na san abin da zai fito daga bakinsa, na rufe fuska.

"Bai ji ba."

Ya tsoma buroshi a jan mai ya bi su ɗaya bayan ɗaya, sama da ƙasa, har da gyaran gefe da ƙaramin buroshi. Yana kan na ƙarshe motar manaja ta tsaya.

Manajan mutum ne mai sanyin magana, da farar riga mai dogon hannu. Ya gaisa da jama'a, ya tambayi mai burodi. Shafi-Biyu ya tare shi da hannu biyu, ya kama hannunsa ya girgiza, ya dafa masa kafaɗa. Da ya saki, sai ga yatsu biyar ja a kafaɗar farar rigar. Manaja bai gani ba. Duk layi ya gani.

"Ranka ya daɗe, mai ɗakina tana asibiti, amma ka yi sa'a, ka samu asalin mai launin. Bismillah. Sai dai ka kama ta ƙasa, saman bai bushe ba."

"Bai bushe ba? Burodin?"

"Shafi na biyu ne, yallaɓai. Na farko ƙasa yake kamawa."

Manaja ya kalli burodi, ya kalli jama'a. Kunya ta sa ya gutsuri kaɗan ya kai baki. Ya tauna sau ɗaya ya tsaya. Idonsa ya kawo ruwa. Ya zaro hankici ya tofar, hankicin ya koma ja, leɓɓansa kamar ya shafa jan baki.

"Malam, me ka sa a cikin nan? Ɗaci, ga kuma warin kananzir."

"Ƙamshin itacen ne, ranka ya daɗe. Na asali haka yake. Bakinka ya saba da na gwangwani."

"Itacen a gidan mai ya tsiro?" in ji Mai Aski.

Dariya ta ɓarke. Shafi-Biyu ya ga kasuwa za ta watse masa, ya ɗauki burodi guda. "Ku gani da idonku, lafiyayye ne!" Mai Kemis ya ce kada ya ci, anato ba ruwansa, kananzir ne matsalar. Ina! Wanda bai ji bari ba ya ji hoho. Ya tura rabi a baki, ya haɗiye da ƙyar, ya ƙara, mai yana bin gemunsa. Ya buɗe baki zai yi jawabi sai gyatsa ta riga shi. Mutanen gaba suka ja da baya.

"Kada wanda ya ƙyasta ashana!" Mai Aski ya yi ihu. "Mutumin nan fitila ne!"

Shafi-Biyu ya dafe ciki. Fuskarsa, duk da jan da ke kanta, ta canza. Ya ture ni ya ruga bayan gida, muna jin abin da ya biyo baya daga inda muke tsaye.

A daidai nan Yaya ta sauko daga babur ɗin haya, da kwandon kwanukan asibiti a hannu. Ta kalli tebur. Ta kalli kafaɗar manaja. Ta leƙa ɗakinta ta ga bango, da silin, da gawar injin markaɗe, da tururuwa. Ta zauna a dandamali ta ajiye kwandon. Manaja ya riga ya ciro makullin mota. Ni kuwa tausayinta ya kama ni har na kusa fashewa da kuka.

Sai ga muryar Shafi-Biyu daga bayan gida, a galabaice, amma bakin bai mutu ba. "Ƙanwata! Kawo masa koɗaɗɗen! In ya ga bambanci zai dawo hankalinsa!"

Karo na farko a rayuwata na bi umarninsa da gudu. Na kawo tiren na buɗe. Ga su nan ruwan gwaiduwa, da sauran ɗuminsu. Manaja ya kurkure baki da ruwa, ya shinshina sosai kafin ya gutsura. Ya ci. Ya ƙara. Yaya ta miƙe ta yi masa bayanin abin da ke ciki, cokali guda a mai mai ɗumi, ta kuma faɗa masa maganar masu ƙaiƙayi. Ya ce zai sa a rubuta a jikin leda.

Sannan ya shiga ɗakin ya daɗe yana kallon fitowar rana da faɗuwarta.

"Hajiya, burodinki na karɓa. Ɗakin nan ne ban karɓa ba. A wanke obin, a fitar da bokitan nan, a kankare bangon a sake masa fenti. In na dawo na ga ya yi, mun gama magana."

Kamar daga sama sai ga Shafi-Biyu a bakin ƙofa, yana dafe da bango, ido ya faɗa. "Fenti? Ranka ya daɗe, faɗuwa ta zo daidai da zama. Ai ni ne..."

"Wani mai fentin," in ji manaja. Sai a lokacin ya ga kafaɗarsa a gilashin taga. Ya daɗe yana kallo. "Wani daban. Wannan yana cikin sharaɗin."

Mai Kemis ya sa aka kai Shafi-Biyu asibiti, don ya ce kananzir ba abin wasa ba ne. Likita ya duba shi ya ce Allah ya taƙaita, ya sallame shi. Inna, da hannunta a ɗaure, ta gan shi a baranda ta tambayi wane ne wannan mai jan baki.

Yaya ba ta yi masa faɗa ba, kuma hakan ya fi faɗa ciwo. Ta aika aka kira mai fentin layin baya, mutumin da Shafi-Biyu ya shekara yana cewa ko allon makaranta bai iya shafawa ba. Ranar aikin ta fito wa mijinta da benci ta ajiye a ƙofar shagona, ta ce ya zauna nan ya huta, likita ya ce kada ya wahala. Ya zauna, kunnuwansa da ƙasan farcensa har lokacin ja, yana kallon wani ƙato yana shiga ɗakin matarsa da tsani. Duk wanda ya wuce sai ya ce, "Sannu da hutawa, Shafi-Biyu." Ban taɓa jin shirunsa ya yi tsawo haka ba, har na fara jin tausayinsa.

Mutumin ya kankare bango, ya wanke, ya shafa fari, ya fito yana goge hannu. Yaya ta shiga dubawa. Can sai muka ji ta kira mai fentin. Man da bangon ya sha ya huda sabon fentin, ga layukan nan sun sake ɓullowa, ruwan lemo. Mai fentin ya sosa ƙeya ya ce, "Hajiya, sai dai in ya bushe in sake bi."

Shafi-Biyu ya yi zumbur ya miƙe, benci ya kife da kwandon zarena.

"Jama'a kun ji da kunnenku! Mai Aski, fito ka shaida! Me nake faɗa muku shekara da shekaru? Sai an yi shafi biyu!"

Yaya ta leƙo ta taga, da kwalbar anato a hannu.

"Baban yara."

"Na'am?"

"Zauna."

Ya ɗaga bencin ya zauna.